Likitan da Ya Hau Dutse Ba Rediyo

Rediyon ne ya fara faɗar mata da gaba.

Chinatsu ta sauko daga bene wajen ƙarfe bakwai na safiyar Alhamis, ta tarar da shinkafa ta nuna a tukunya an ɗebi rabi, takalman roban kakanta kuma ba sa bakin ƙofa. Duk wannan bai dame ta ba. Watan Yuni ne, duk tsohon da ke da sauran ƙafa a ƙauyen Hiyamizu yana kan dutse wajen cirar tohon gora, wanda ake miya da shi. Sai da ta juya za ta koma kicin idonta ya sauka kan ƙusar bayan ƙofa. Jan rediyon yana nan rataye da igiyarsa.

Ba mai shiga gora ba rediyo. Gorar dutse ta fi mutum tsawo, ta cushe kamar suma, in ka yi taku goma cikinta ba ka san gabas ba, ba ka san yamma ba. Shi ya sa mai cira yakan rataye rediyonsa a reshen bishiya, ya ƙure masa murya, sannan ya kutsa. In jaka ta cika sai ya bi sautin ya fito. Shekara talatin da uku kakan nata, Likita Kagaya Tsuneo, yana hawan dutsen nan duk Yuni, bai taɓa barin wannan rediyo a gida ba. Yau, yana da shekara tamanin da uku, ya bar shi.

Ta kira wayarsa. Wayar ta yi kuka a ƙarƙashin jarida, kan teburin cin abinci.

Kafin ƙarfe tara, lasifikar ƙauye tana ta sanar da ɓatan wani dattijo mai koriyar hula, kamar akwai wanda bai san ko wane ne ba. Toyoshima, shugaban 'yan sa-kan kashe gobara, ya iso da mutanensa. An ga babur ɗin Likita a inda hanyar dutse ta rabu biyu.

"Kwarin gabas za mu shiga," in ji Toyoshima. "Can yake zuwa kullum."

"Ba ya can," in ji Chinatsu.

"To ina?"

Ta dubi dutsen. Ta san dalilin tafiyarsa, amma ba ta san wurin ba.

A da Likita Kagaya ba mutumin dutse ba ne. Ɗan mai ƙona gawayi ne da karatu ya kai birni, ya dawo da farar riga ya riƙe asibitin ƙauye shi kaɗai. A hannunsa aka haifi rabin mutanen Hiyamizu, har da shi Toyoshima. In ƙanƙara ta rufe hanya lokacin sanyi, a ƙafa yake bin gidaje da jakarsa a baya. Sai dai bakinsa reza ne. In tsohuwa ta ce masa iskar dutse ce ta taɓa ta, sai ya ce, "Iskar dutse ba ita ta sa kika cinye buhun gishiri ba, Inna. Miƙo hannu in auna." Mutane na jin zafin bakinsa, amma suna warkewa, don haka suka ƙyale shi.

Matarsa Mitsue ce mutuniyar dutse. Duk ƙauyen ba wadda ke sauko da toho irin nata, masu kauri kamar babban yatsa, fari sol in an ɓare. Ba wanda ya san inda take samo su, kuma ba wanda ya tambaya. Wurin cira ba a faɗa wa miji, ba a faɗa wa ɗa. Mutum ɗaya ake faɗa wa, shi ma sai ranar da ƙafa ta ƙare, kuma a kunne.

Wata rana a Yunin 1989, Mitsue ta sauko daidai lokacin da lasifika ke kaɗa ƙararrawar ƙarfe biyar na yamma, tana tambayar me ya sa aka kaɗa ta tun hantsi. Jakarta rabi ce, tohon ya yi yaushi. A wajen cin abinci, gaban surukarta da ɗansu Shuji, ta ba da labari a hankali. Ta ce ta ji ƙauri kamar an ƙona roba. Sannan wani abu kamar faifai, mai haske, ya tsaya cak a saman gora ba ƙara. Ta ga wasu 'yan mutane gajeru, ba baki a fuskarsu, amma ta ji maganarsu a cikin kanta, kuma ladabi gare su. Daga nan ba ta san komai ba sai rana ta yi yamma.

Likita ya yi dariya har ya ajiye kwanon miyarsa.

"Sun bar miki adireshi? Sai mu aika musu katin sabuwar shekara."

Uwarsa ta yi dariya, Shuji ma ya yi. Ya ce rana ce ta buge ta, ya ba ta ƙwaya biyu ta sha ta kwanta. Da shekara ta zagayo, ta sake saukowa a makare, ta tsaya a bayansa ta ce, "Maigida, abin nan dai..." Ko jaridarsa bai sauke ba. Ya ce, "Ki gaishe su." Ba ta ƙara ta da maganar ba.

A shekara ta uku ba ta sauko ba.

Kwana tara aka yi ana nema, maza na buga ganga da gwangwanaye suna kiran sunanta. A rana ta biyu aka sami jan rediyonta rataye a bishiya a bakin kwarin gabas, batir ya mutu. Mai cira ba ya wuce inda kunnensa ke jiyo rediyonsa, kowa ya san haka. Aka tsefe kwarin gabas kamar ana neman allura. Ko ɗankwalinta ba a gani ba.

Wata shida bayan haka, wata mata daga ƙauyen ƙetare ta zo asibiti da ciwon kai. Tana ɗaura gyalenta za ta fita ta ce, cikin kunya, ta ga wani haske a kan fadamar shinkafa, amma ta san Likita zai ce shirme ne. Ya ajiye alƙalami. Ya ja mata kujera. Ya ce, "Faro mini daga farko."

Daga nan labari ya bazu cewa akwai likita a lardinsu na Akita da ba ya dariya. Wasiƙu suka riƙa zuwa, daga direbobin manyan motoci, da masunta, da malaman makaranta, har da wani ɗan sanda da ya riƙe abin a cikinsa shekara ashirin. Ya sayi rikoda. Duk ranar hutu yana cikin jirgin ƙasa, daga Hokkaido a arewacin ƙasar har Kyushu a kudu. Yana da tsarinsa da bai taɓa saɓawa ba. Sai ya saurari mutum har ya gama, ba ya katse shi. Sannan ya auna jininsa, ya haska idonsa, ya rubuta masa takarda zuwa babban asibiti a ɗauki hoton ƙwaƙwalwarsa. Wanda ya ƙi zuwa, Likita ba ya ƙara kunna masa rikoda. Cikin mutum ɗari shida da wani abu, an sami cuta a kan goma sha ɗaya, aka yi musu magani. Sauran ba a ga komai ba. Bai taɓa ce wa ɗayansu ya yarda ba, bai kuma taɓa ce masa ƙarya yake ba.

Duniya ba ta ga wannan bambancin ba. Wani gidan talabijin ya gayyace shi, suka zaunar da shi kusa da wani ɗan barkwanci sanye da koriyar riga da manyan idanun roba. Jama'a na ta tuntsira dariya, shi kuwa yana zaune a miƙe da takardunsa a cinya har aka gama shirin. Yara suka laƙaba masa Likitan Faifai. Mutanen da ya karɓi haihuwarsu suka fara hawa bas zuwa asibitin gari, suna sunkuyar da kai in motar ta zo wucewa ta ƙofarsa. Ba wanda ya kore shi. Wata safiya a 1998 ya ɗora makullin asibitin a kan tebur, ya rataye farar rigarsa, ya fita.

A shekarar ne kuma Shuji ya kai takarda kotu aka rubuta uwarsa cikin matattu, aka yi jana'iza da akwatin da ba komai cikinsa. Likita ya tsaya a waje, bakin ƙofar haikali, da kayan dutsensa. Tun daga ranar, magana tsakanin uba da ɗa ba ta wuce gaisuwar sabuwar shekara.

Shuji ne ya turo 'yarsa Chinatsu. Ta gama jami'a a birnin Sendai a watan Maris, ta zauna ganawar neman aiki sau goma sha huɗu, duk muryarta ke shaƙewa a tsakiyar amsa. Ubanta ya ce tunda zaune take, ta je ta lallashi tsohon ya koma gidan kula da tsofaffi, a kwashe kaset-kaset ɗin nan nasa a zubar. Mako ɗaya ta zo yi, ta yi wata uku. Kakan ya sa mata suna Zomo, don ko murfin tukunya ya faɗi sai ta zabura. Da rana suna zama a ɗakin kaset suna jera su, yana sa mata wasu ta ji. Abin da ya fi tsaya mata a rai ba labaran ba ne. Muryarsa ce a ƙarshen kowane kaset, inda yake cewa, "Na gode da ka faɗa mini."

Wata rana ta yi ƙarfin hali ta ce, "Kaka, tsakaninka da ni, ka yarda sun ɗauke ta?"

"Ke Zomo, yau kin yi baki?"

"Da gaske nake."

Ya daɗe yana juya kaset a hannunsa. "Akwai wata irin farfaɗiya da ba ta kayar da mutum. Sai ya ji ƙauri, ya ga haske, ya ji murya, sa'o'i su ɓace masa. Shafi nawa ne a littafin, har yau zan iya gaya miki. Na san shi a ranar da ta ba mu labari. Tafiyar awa biyu ce zuwa inda ake ɗaukar hoton kai." Ya mayar da kaset ɗin gurbinsa. "In cuta ce, ni ne likitan da bai duba ba. In gaskiya ta faɗa, ni ne mijin da ya yi dariya. Zaɓi wanda kike so, duk kakanki ne."

Ranar Talatar makon nan aka bugo waya daga gidan tsofaffi na gari, wai Funaki Tome na son ganin Likita. Tome shekararta casa'in da huɗu, ita ce ta biyun Mitsue a cira, kuma ba ta taɓa yafe wa kowa wannan matsayi ba. Chinatsu ce ta tuƙa shi. Suka same ta a kujera mai taya, ta ƙanƙance kamar busasshen kifi, amma idonta tar.

"Likitan Faifai! Ashe ba su zo sun ɗauke ka ba har yanzu?"

"Sun ce sai sun gama da ke, Iya Tome. Kin rage gishirin?"

"Waɗanda suka hana ni gishiri duk na binne su. Zauna. Kashe wannan abin naka."

Ya kashe rikodar. Ta dubi hannuwanta.

"Matarka makira ce," ta ce. "Ba a gabas take cira ba. Can take rataye rediyon don ta yaudare mu, mu yi ta bulayi a kwarin banza, ita kuwa ta haye doron dutse ta koma yamma. Ba ta buƙatar rediyo, ta san wurin kamar tafin hannunta."

Likita ya matso da kujerarsa kusa da ita.

"Yaya aka yi kika sani?"

"Na bi ta. Shekara huɗu ina shiga bayanta ina cirar mata toho." Muryar tsohuwar ta yi ƙasa. "Ranar farko na ce ai za a gan ta, me zai sa in tona kaina ɓarauniya a gaban gari? Rana ta biyu na ce gobe. Rana ta uku kuwa, in na faɗa sai a ce me ya hana ki tun shekaranjiya? Ni na dafa wa masu neman shinkafa, Likita. Kwana tara ina dunƙula musu ita ina kallonsu suna tafiya gabas."

 Sai ta ɗaga haɓa wajen Chinatsu. "Ke 'yar birni, ba mu wuri. Kawo kunnenka, Likita."

Chinatsu ta sunkuya ta fita, ta ja ƙofa a hankali, saboda tarbiyyar da aka yi mata ke nan. Wannan ƙofa da ta ja, tun daga ranar take damun ta a rai.

A hanyar komawa, da suka wuce gada, Likita ya yi magana. "Shekara talatin da uku," ya ce, "ina bin rediyon da ƙarya yake yi."

"A ina ne wurin, Kaka?"

"Ba a faɗa."

Ta yi 'yar dariya, ta ɗauka wasa ne. Da ta ga ba wasa ba ne, sai ta sa shi ya yi alkawarin jiran Toyoshima ran Lahadi. Ya ce to. Mutumin da ya naɗi asirin mutum ɗari shida, ya riƙe wannan ɗaya yadda aka ba shi. Ran Laraba ya yini yana goge takalman robansa, ta gani, ta ce wa kanta ai na Lahadi ne.

Duk wannan ta zayyana wa Toyoshima a tsaye a bakin ƙofa. Ya cire hula ya sosa kai.

"Yamma? 'Yata, kwari uku ne a yamma, kowanne ya ninka na gabas. Mu ashirin da shida ne. In ba wuri, sai mu yi wata muna yawo."

Ta shiga mota. Ba ta tuna yadda ta kai gari ba.

Tome na cin abincin rana, wata ma'aikaciya na ba ta a baki. Ta dubi Chinatsu sama da ƙasa.

"Ya tafi ko? Na san ba zai jira ba. Kansa dutse ne tun yana yaro."

"Iya, ki gaya mini wurin."

"Na mayar wa mai shi kayansa. Sau ɗaya ake faɗa."

"Bai ɗauki rediyo ba. Bai ɗauki waya ba, bai ɗauki maganinsa ba."

"To ni na ce ya bari? Ke ba 'yar dutse ba ce, ba za ki gane ba. Na sace mata toho tana da rai, yanzu kuma in tallata wurinta a lasifika? Gobe 'yan gari su cika shi da motoci?"

Chinatsu ta ji abin nan ya taso mata, wanda ke shaƙe ta gaban masu ɗaukar aiki. Ta durƙusa a kan tayil, ta kafa goshinta a ƙasa. Maganar ta fito a karye, amma ta fito.

"Iya Tome, yau ce ranar farko."

Cokali ya tsaya a hannun ma'aikaciyar.

"Yau ce ranar farko," ta sake cewa. "Mutanen suna bakin hanya. Kada ki sake dunƙula musu shinkafa."

Tsohuwar ta kau da kai wajen taga.  Can ta ce, "Tashi, kin ƙazantar da goshinki. Kira mini yaron nan Toyoshima, wannan mai kunnuwan. Ke in na gaya miki ɓatar da su za ki yi."

Ba a kunne ta faɗa ba. Da ƙarfi ta faɗa cikin wayar, ma'aikaciya na ji, tsofaffin gadajen kusa na ji. A haye doron dutse ta wajen tsoffin ramukan gawayi, a bi rafi na biyu, ba na farko ba, har inda ruwan ke nutsewa ƙarƙashin wani falalen dutse. Gorar tana sama da nan. A yi hankali da gefen hagu, akwai rami mai zurfi da ganye ya rufe bakinsa. Da ta gama ta miƙa wayar ta ce, "Shi ke nan, Mitsue. Na tsiraita ki."

Masu neman sun kama hanya da azahar, hazo ya sauko ya koro su tun ba su kai ramukan gawayi ba. Shuji ya iso daga Sendai da yamma da kwat ɗinsa ta ofis. Ya shiga ɗakin kaset, wanda bai taka ba shekara ashirin da shida, ya tsaya yana karanta sunayen da ke jiki. A gurbin farko, lamba ɗaya, akwai kaset mai sunan uwarsa da rubutun ubansa. Ya sa shi a rikoda. Ba komai a kai, sai shuuu. Ya bar shi yana juyawa har ya ƙare.

Da gari ya waye ran Juma'a, kafin mazan su tashi, Chinatsu ta sauke jan rediyon daga ƙusa, ta sa masa sababbin batura, ta miƙa wa Toyoshima.

"Ku rataye shi a wurin. Ku ƙure murya."

Ya karɓa da hannu biyu, ya sa a jakarsa. Shuji ya ari takalman roba ya bi su.

Waya ba ta kaiwa bayan doron dutse. Jirgi mai saukar ungulu ya zo da hantsi, hazo ya mayar da shi. Matan ƙauye sun kawo miyar toho da kifin gwangwani sun ajiye a kicin, tana nan ta huce. Chinatsu na zaune a bakin ƙofa, ƙarƙashin ƙusar da ba komai a kanta, wayarta a cinya. Toyoshima ya ce da zarar sun sami wani abu, ko Likita ko Mitsue, zai turo mutum ya hau doron dutse ya kira.

Ƙarfe biyu ta wuce. Har yanzu ba wanda ya kira.